Kurma Ta Ji Ni

Litinin, 4 ga Maris 1912, bayan azahar

Yau ma Firmin ya kashe ni, darakta Lacaze ya ce ban mutu da kyau ba, a sake. Aka sake. Ya fasa min kujera a ka, ya kifa min kwanon fulawa, ya bi ni da lema har cikin kabad. Kujerar ta ƙarya ce, ko atishawa ka yi kusa da ita sai ta wargaje, amma na kurma ihu kamar ana yanka ni don Baba Octave mai juya kyamara ya yi dariya hannunsa ya karkace. Ya kuwa karkace. Lacaze ya cire hularsa ya tattake.

Aikin ke nan yau shekara biyu a wannan gidan gilashi na Montreuil inda ake ɗaukar fim. Firmin ne miji mai kishi, Armande ce matar, ni ne kwarto. A gida ma matarsa ce, abin da ke sa mutane dariya ke nan tun kafin a kashe fitila. Ni kuwa Lahsan na dutsen Sus a ƙasar Maroko, wanda malam ya rantse ba zai zama mutum ba saboda yana biya allo kai a ƙasa ƙafa a sama, ga shi da faɗowa daga taga nake cin abinci.

Na saka wa Lacaze kifi a aljihun kwat. Shi bai gano ba tukuna. Kuliyoyi sun gano.

Laraba, 6 ga Maris, da la'asar

Yayar Firmin ta zo daga Amiens. Sunanta Hortense, mai wanki da guga ce, kurma tun tana yarinya. Tana magana, amma da wata murya shimfiɗaɗɗiya kamar ana jan benci, kuma in kana yi mata magana bakinka take kallo ba idonka ba. Na laɓaɓa bayanta na busa ƙahon da muke wasa da shi. Ba ta ji ba, amma ta ga inuwata, ta juyo ta ɗora min ludayi a goshi.

Ta ce, "Firmin, wannan ne ƙanen da ka tsinto?"

Ya ce, "Shi ne, yaya. Fara muke ce masa, saboda tsalle. Ba ya zama wuri ɗaya."

Ta ce, "A ɗaure shi mana."

Ta burge ni. Na ce ran Lahadi mu kai ta silima ta ga fim ɗinmu na watan jiya, tunda wasa ne da kurma da mai ji duk ɗaya suke.

Alhamis, 7 ga Maris, da yamma

Firmin ya tafi kamun kifi kamar kowace Alhamis. Ban je gidan ba, saboda baƙuwa. Ashe ban san abin da mutane ke yi da yammacin Alhamis ba.

Lahadi, 10 ga Maris, bayan magariba

Mun je silima. Ni na kawo shawarar. Ni na sayi tikiti. Ni na zaɓa mata kujerar gaba don ta gani sosai.

Litinin, 11 ga Maris, da asuba

Bari in rubuta a jere, ko kaina zai daina juyawa.

Kyamara ba ta da kunne, kowa ya sani. In ana ɗauka Lacaze ihu kawai yake yi, "Ku yi magana! Ku motsa baki!" Kowa sai ya faɗi abin da ya ga dama. Firmin yana shaƙe ni yana tambayata ko na ga tabarsa. Armande tana suma tana lissafin cefane. Ni kuma in na durƙusa gabanta da fure, ko dai in jera mata alif, ba, ta, ko in ba ta labarin abin da ke zaune cikin gashin bakin Lacaze.

A fim ɗin watan jiya, da na durƙusa, tsokana ta ɗebe ni na ce, "Ran Alhamis ki bar ƙofar baya a buɗe, kamar kullum." Ta ƙyalƙyale da dariya, ta juya min baya kamar yadda wasan ya ce. Da ta juya sai na ƙara wani abu. Ba da murya ba. Leɓe kawai na motsa, don kada kowa ya ji, har ita.

Jiya silima cike take, mai piyano yana ta duka, mutane suna ta faɗuwa don dariya. Fuskata ta fito a bango, girmanta kamar ƙofa. Hortense ba ta yi dariya ba. Ta miƙe tsaye. Da wannan muryar da ba ta san ƙarfinta ba ta ce, "Firmin, wace Alhamis?"

Na baya suka ce ta zauna. Ba ta ji su ba, ina za ta ji. Ta ci gaba da kallon bangon, sai na ga ta dafe baki. Ta kamo haɓar ƙanenta ta juyo da shi, ta yi masa magana babu sauti. Haka suke yi tun suna yara, in ba su son a ji. Shi ma ya mayar mata babu sauti. Ni ina zaune kusa da su da ƙullin gyaɗa a hannu.

Maganar Alhamis ba abin da suke zato ba ce. Armande ta gaji da suma. Tana so ta yi faɗuwa da alkafura da kanta, a yi fim da sunanta. Firmin ya ce matarsa ba za ta ɗaga ƙafa sama gaban Faransa ba. Shi ne ta roƙe ni in koya mata a ɓoye, a rumfar gawayi ta bayan gidansu, ranar da yake bakin kogi. Shi ke nan. Wallahi shi ke nan.

Ɗayar maganar ba zan rubuta ba.

Talata, 12 ga Maris, bayan azahar

Kullum in an kawo abincin rana Firmin ne ke fara ɗanɗana kwanona ya ce, "Babu alade, ci, Fara." Yau can ya zauna wajen kafintoci. Burodi na ci da ruwa.

Mun fara sabon fim. Miji ya dawo ya tarar da hular wani a kan tebur. Kamar Lacaze bai taɓa rubuta wani labari ba ban da wannan.

Laraba, 13 ga Maris, da la'asar

Kujerar yau ta gaske ce.

Ban san wanda ya musanya ba. Mai kula da kaya ya rantse da kabarin uwarsa. Na ga ta taho na ji iskarta daban, na kauce da kai ta sauka a kafaɗa. Ba ta karye ba. Firmin ya tsaya yana kallon ta a hannunsa, ban iya gane ko mamaki yake yi ba.

Lacaze ya yi tsalle. "Wannan shi ne kishi! Firmin, ina ka ɓoye wannan fuskar shekara biyu? Fara, ihun nan naka ya yi, haka nake so!"

Ban yi ihu don shi ba.

Alhamis, 14 ga Maris

Firmin bai je kamun kifi ba.

Juma'a, 15 ga Maris, bayan azahar

Armande ta same ni bayan bangon kwali, inda ake jingine ƙofofin ƙarya. Hoda ba ta rufe idonta ba.

Ta ce, "Hortense ta shiga rumfar gawayi. Ta ga katifar."

Na ce, "Sai ki ce ta kuliya ce, Madam. Kuliya mai ciwon baya."

"Lahsan."

Na bar zancen kuliya.

Ta ce ta gaya wa Firmin komai. Ya ce ƙarya ne, wa ke koyon faɗuwa a kan katifa da ƙofa a rufe? Sai ta ture tebur, ta tattare siket, ta yi masa alkafura a tsakiyar kicin, ta dire a kan ƙafafunta, diddigenta ya ɗauke tukunyar miya. Hortense ta yi alamar gicciye. Firmin ya zauna da albasa a kafaɗa.

Na ce, "Kin sunkuyar da kai kuwa?"

Ta ce, "Na sunkuyar."

Na ji daɗi. Allah ya yafe min, a cikin wannan hali na ji daɗi.

Sai ta ce, "Na zaci magana ta ƙare. Amma ya ce saura ɗaya, kuma ya ƙi faɗa min, ita ma ta ƙi. Me ka ce da na juya baya?"

Na ce, "Gashin bakin Lacaze..."

Ta dube ni. Ta daɗe tana dubana. Sai ta ɗaga hannu kamar mai tare mota ta ce, "A'a. Bar shi. Kada ka faɗa." Ta fita ta ƙofar ƙarya, wadda ba ta kai mutum ko'ina, dole ta zagayo ta sake wucewa ta gabana. Babu wanda ya yi dariya a cikinmu.

Asabar, 16 ga Maris, da hantsi

Lacaze ya ce kishin Firmin ya girmi gidan gilashi, za a ƙare fim ɗin a titi. Ya samo wani gida a lungun bayan kasuwa. Miji zai jefo kwarto ta taga, daga hawa na uku, ya faɗa cikin keken dokin mai wanki. Ran Talata.

Daga hawa na biyu muka saba. Yadda muke yi, ina rataye a waje, Firmin yana riƙe da wuyan hannuna, yana lilo da ni. Ni ba na ganin komai sai bango, shi ke ganin keken. In lilon ya yi daidai sai ya matsa min hannu sau biyu, ya ce, "Sunkuyar da kai, Fara!" ya saki. Ƙarƙashin kayan wankin katifu ne. Keken bai fi faɗin gado ba. Dama da shi dutsen titi, hagu da shi dutsen titi.

Tun da muka fara bai taɓa kuskure ba. Ko sau ɗaya.

Lacaze ya ce, "Akwai mai magana?"

Firmin ya ce, "Babu."

Na ce, "A wanke kayan dai, kada in faɗa kan wandon wani." Kafinta ɗaya ne ya yi dariya, shi ma ya haɗiye.

Lahadi, 17 ga Maris, da la'asar

Na je na ga lungun. Na ɗaga kai. Na dawo.

Fim ɗin watan jiya yana silima uku a unguwar nan kaɗai. An ce an tura shi Lyon da Marseille, har Aljaza'ir. Ina ta tunanin kurame nawa ne a duniya.

Litinin, 18 ga Maris, bayan azahar

Baba Octave ya kira ni ɗakinsa mai duhu, wai in riƙe masa gwangwani. Da ya rufe ƙofa ya ce, "Ɗana, akwai jirgin ƙasa zuwa kudu kowace safiya."

Na ce, "Baba, korata kake yi? Don na sa maka barkono a taba?"

"Ashe kai ne, ɗan banza." Ya yi tari. "Saurara. Ni ta rami ɗaya nake kallon mutane tun kafin a yaye ka. Na san fuskar wasa, na san wadda ba ta wasa ba. Ba na ce zai yi niyya ba. Amma hannu yana da nasa tunanin."

Na ce yunwa ce ke sa shi wa'azi.

Ya ce, "To. In ka faɗi ba daidai ba zan ci gaba da juyawa, ka sani. Lacaze ba ya yafe wa wanda ya tsaya."

Litinin ɗin dai, da magariba

An tashi aiki ina cikin kabad, sai na ji an murɗa makulli.

Na zaci yaran kafinta ne ke ramuwa. Na fara kukan akuya. Sai na ji an jawo kujera an zauna a bakin ƙofar, na ji warin tabar Firmin.

Ya ce, "Lahsan."

Rabon da ya kira ni da sunana tun ranar da ya same ni ina alkafura a bakin gada don a jefo min abin burodi, ya ce in biyo shi.

Na ce, "Na'am, yaya. Ka dawo da wuri, ba mu zaci..."

"Bar wasan nan."

Na bari.

Ya ce, "Na yarda da katifar. Na ga ta yi abin da idona, kuma irin naka ne, har yadda take buɗe hannu in ta dire. Ban ji daɗi ba, amma na yarda. Ɗayar fa?"

A cikin duhu baki ya fi sauri. Na ce, "Yaya Hortense ba ta saba da bakina ba ne. Kifi na ce. Cewa na yi ina son kifi. Kai kullum kana bakin kogi, ko ƙaya ba ka taɓa kawo min ba."

Ya yi wata 'yar dariya ta hanci. Na ji sanyi, na ce na tsira.

Ya ce, "Ka manta da wa na tashi. Ni ma na iya karatun baki. Kullum in mun tashi aiki silimar nake zuwa, in zauna a gaba. Mai yanka tikiti har ya daina karɓar kuɗina, yana zaton son kaina nake yi." Ya ja taba. "Na nemi 'fi' ɗin nan, Lahsan. Wallahi na neme shi. Ban gan shi ba."

Akwai wata tsohuwar riga a rataye, na cusa fuskata a ciki.

Ya ce, "Abin da ban sani ba shi ne ko ita ta sani. Ko ta taɓa ji a rumfar gawayi. Ta ce a'a. Ina so in yarda. Gobe ka zo ka ba ni hannunka. In ba ka zo ba na san amsa, ita ma sai ta tattara kayanta."

Ya buɗe makullin ya tafi. Na daɗe ban fito ba.

Talata, 19 ga Maris, da hantsi

Ruwa. Babu rana, babu ɗauka.

Laraba, 20 ga Maris, da hantsi

Ruwa. Na zo, ya gan ni, na gan shi.

Alhamis, 21 ga Maris, da la'asar

Ruwa. Alhamis kuma.

Na wuce ta tashar jirgi. Kallo kawai na je yi. Akwai wani mai sayar da lemo ɗan wajenmu, ya ce itacen almon ya yi fure a gida yanzu. Na saya masa lemo ɗaya na dawo.

Ban taɓa niyyar komai ba. Wannan nake ta faɗa wa bango. Na riƙe ƙugun Armande don kada ta karya wuya, na saki da ta dire. In ta faɗi ta tashi tana dariya da gawayi a hanci, ni gawayin nake kallo. Abu ne nawa, a cikina yake, bai ci wa kowa komai ba. Sau ɗaya na bar shi ya leƙo, a wurin da na tabbata babu kunne.

Juma'a, 22 ga Maris, bayan azahar

Na yi sallolin da ake bina. Suna da yawa. Na karanta abin da ya rage a kaina, na ga ya fi yadda nake zato. Malam da ya ji da ya ce tsoro ya fi bulala iya koyarwa.

Lacaze ya gano kifin. Ya tara mu yana ihu wa ya yi. Babu wanda ya dube ni, babu wanda ya yi dariya. Na ce, "Ni ne, Musyu." Ya buɗe baki, sai ya tuna da taga, ya ce, "To, kada ka ƙara." Ko zagi ba a yi wa wanda za a jefo daga hawa na uku.

Lahadi, 24 ga Maris, da yamma

Hortense ta koma Amiens. A bakin gidan gilashi ta tare ni jiya, ta kama haɓata ta juyo da bakina wajen haske kamar mai duba haƙorin doki. Ta ce, "Abin da na gani na faɗa." Na ce na sani. Ta ce, "Ka fiye motsa baki."

Sama ta washe.

Litinin, 25 ga Maris, da asuba

Rana za ta fito. Na aske, na sa riga mai tsabta.

Litinin, da la'asar

Hannuna yana ciwo, amma nawa ne, a jikina yake.

Lungun ya cika da 'yan kallo, mata a tagogi, yara a kan katanga. Baba Octave ya kafa kyamararsa a tagar gidan da ke fuskantarmu don ya samu fuskokinmu, wani yaronsa yana ƙasa da ta biyu. Armande tana cikin ɗakin, aikinta ta yi kururuwa ta suma a kan gado. Ba ta dube ni ba. Hannunta yana kan ƙarfen gadon, ya yi fari.

Na haura taga. Na miƙa wa Firmin hannu. Ya kama. Tafinsa a bushe yake, nawa ne ke zufa. Na saki ƙafafuna.

Daga can Lacaze yana ihu ta cikin mazurari, "Juya! Firmin, zage shi! Fara, roƙe shi! Ku motsa baki!"

Firmin ya leƙo. Ya ce, "To, motsa baki."

Na ce, "Babu 'fi', yaya."

Yatsunsa suka nutse a hannuna.

"Ita fa?"

"Ta juya baya. Don kada ta ji ne na faɗa a haka. Ba ta taɓa ji ba, ko a rumfa, ko a ko'ina."

"Tun yaushe?"

"Ban sani ba. Tun gawayi."

"A gidana kake cin abinci."

"Na sani."

"Ni nake ɗanɗana maka."

"Na sani, yaya."

'Yan kallo suna ta dariya, don ina wutsil-wutsil da ƙafa kamar yadda na saba, ƙafar ita ba ta san an daina wasa ba. Lacaze yana cewa, "Jefo shi! Fim yana ƙarewa! Jefo shi mana!" Firmin bai fara lilon ba. Kallona kawai yake yi, jijiyar wuyansa ta tashi. Kafaɗata da kujera ta daka ta fara buɗewa. Na ce a raina, to, La'ilaha illallahu.

Sai ya fara. Dama, hagu. Dama, hagu. Na mayar da ido kan bango. Ban san inda keken yake ba, ban taɓa sani ba.

Ya matsa. Ya sake matsawa. Na jira maganar.

Ba ta zo ba. Ya saki.

Na faɗa tsakiyar katifu, daidai tsakiya, zanen gadon wani ya rufe ni. Na ji tafi. Na kwanta a ciki ina jin dokin yana atishawa.

Firmin ya sauko, ya yaye zanen, ya tattaɓa wuyana da kafaɗuna kamar kullum. Ya ce, "Babu abin da ya karye." Sannan a hankali, "Tana nan a gidanta. Faɗuwar ma za ta yi, tunda ta iya, ni zan riƙe ta. Kai kuma ka nemi wani garin."

Na ce to.

Lacaze ya rungume ni ya ce gobe daga hawa na huɗu.

Laraba, 27 ga Maris, da hantsi

Na haɗa kaya. Baba Octave ya ba ni tabarsa, ya ce in duba ko da barkono. Ban yi sallama da kowa ba ban da shi.

Firmin ya matsa sau biyu, ya saki daidai. Me kuma nake nema? Shekara biyu bai taɓa sakina bai faɗa ba. Kalma huɗu. Me za su rage masa?

Asabar, 13 ga Afrilu, Beauvais, bayan azahar

Ina tare da wasu 'yan wasa masu yawo gari-gari. Ni ke hawa can ƙololuwa in an yi hasumiyar mutane. Ban tsokani kowa ba tukuna, suna zaton ni salihi ne.

Lahadi, 21 ga Afrilu, da magariba

Fim ɗin ya fito. Na gan shi a wata rumfa a bakin kasuwa. Ga Armande ta suma, ga ni ina lilo, mutane suna riƙe ciki.

Daidai lokacin da Firmin ya sake ni, bakinsa ya motsa.

Na zauna aka sake nunawa, aka kuma sakewa. Ya motsa. Ni a lokacin bango nake kallo, kuma ban ji komai ba, na rantse ban ji ba. Na ƙura ido har hawaye, ban iya karantawa ba. Tsinuwa ce, ina jin. Haƙƙinsa ne.

Mako mai zuwa muna Amiens.

Lahadi, 28 ga Afrilu, Amiens, bayan magariba

Na yi ta tambaya har na sami shagon wankin. Tana guga, ta ga inuwata, ta ɗaga dutsen gugar. Na nuna mata tikiti biyu.

Ta ce, "Kai ba ka daddara ba?"

Na ce, "Yaya, ke kika karanta nawa. Ki karanta min nasa. Ko mene ne."

Ta daɗe tana kallon bakina bayan na gama. Ta cire atamfar gabanta, ta ɗauki hula.

Kujerar gaba muka zauna. Da aka zo wajen taga ta karanta duka, nawa da nasa, tana gyaɗa kai, ban hana ta ba. Na ga ya matsa. Na ga ya saki. Na ga bakin.

Na taɓa hannunta.

Ta ce, "Babu murya ya faɗa. Irin maganarmu ce ta gida, dubi maƙogwaronsa, bai motsa ba."

Na juyo da fuskata wajen haske don ta gani. Na ce, "Me ya ce?"

Da wannan muryar tata, har mai piyano ya waiwayo, ta ce:

"Sunkuyar da kai, ƙanena."

Na baya suka ce mu yi shiru. Na sunkuyar.